Wane wasa ne mutum biyar za su zauna su yi ba tare da gwani ya cinye kowa ba?

Abban_Hanif:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Shawara nake nema. Mu biyar ne muke haɗuwa mu yi wasa, wani lokaci mu zama shida idan ƙanwar maiɗakina ta zo. Lido da Whot sun ishe mu, don in ka duba da kyau, abin da ɗan lido ya ba ka shi ne naka, ba wani tunani. Muka koma ces, sai matsalar ta canza salo: mutum biyu ke bugawa, sauran na danna waya, kuma akwai wani a cikinmu da babu mai iya tsayawa gabansa. Abin da nake nema shi ne wasan allo ko na karta da ake aiki da kai, wanda zai ɗauke mu duka, kada ya wuce awa ɗaya da rabi, kuma wanda bai ƙware ba shi ma yana sa ran ci. Na leƙa jerin da ake yi a intanet, sunaye ba iyaka, na rasa ta inda zan kama. Don Allah wanda ya buga da hannunsa nake so ya yi magana.

Sadiq_Lissafi:
Wa alaikumus salam. Catan. Kada ka wahalar da kanka da wani bincike.

MamanIlham:
Malam Sadiq, ka karanta tambayar kuwa? Ya ce su biyar ne ko shida. Akwatin Catan na asali mutum uku zuwa huɗu yake ɗauka. Sai an haɗa da wani ƙarin akwati kafin biyar ko shida su zauna, kuma da an kai shida wasan ya ja. Awa ɗaya da rabin nan ba za ta ishi sababbin hannu ba.

Sadiq_Lissafi:
Na gani Hajiya, amma ƙarin akwatin ai don irinsu aka yi shi. Bari in faɗi dalilina. Wani Bajamushe ne, Klaus Teuber, ya fitar da shi a 1995. Tsibiri ne mai filaye 19, kowane fili na ba da abu guda: itace, bulo, ulu, alkama ko tama, ban da hamada ɗaya da ba ta ba da komai. Ana jefa 'yan lido biyu, lambar da ta fito, duk wanda ya yi gini a gefen filin da ke ɗauke da ita zai karɓi kaya, ko da ba shi ya jefa ba. To ka ga babu mai samun damar danna waya.

Ga inda kai ke aiki: 'yan lido biyu na iya faɗuwa ta hanya 36. Bakwai na fitowa ta hanya 6, shida da takwas ta hanya biyar-biyar, biyu da sha biyu kuwa ta hanya ɗai-ɗai. Gwanin naku zai gane wannan nan take, ya kama wurare masu kyau. Amma ba zai yi nisa ba sai da musaya da sauran, kuma maki 10 ake nema. Da an ga ya kai takwas, sai ya ce “wa zai ba ni bulo ɗaya in ba shi ulu biyu?”, ka ji tsit. Kowa ya rufe masa ƙofa. Abin da ces ba ta da shi ke nan, a can babu wanda zai taya ka tare shi.

Ummi_Zee:
Ni dai Catan ba ta yi mini ba. In ka yi kuskuren wurin gini tun farko, shi ke nan, za ka zauna kana kallon mutane na ɗiban kaya. Ga dokar bakwai ɗin nan: wanda ke riƙe da kati fiye da bakwai ya zubar da rabi. Ina riƙe da tara, bulo ɗaya tak nake jira, ƙanena ya jefa bakwai. Na zubar da huɗu, ya ɗauki ɓarawon, wato ɗan da ke hana fili ba da kaya, ya ɗora a kan filina mai lamba takwas, ya zari kati ɗaya daga hannuna, yana dariya har da riƙe ciki. Abban Hanif, in akwai mai saurin fushi a cikinku, ka yi tunani sau biyu.

Kawu_Bala:
Ku yara kuna ta kiran sunayen da harshe ba ya iya juyawa. Dara fa? Gurbi 30, layi biyar a shida, kowa da 'ya'ya 12. Ku gama zubawa, sannan a fara matsawa gurbi ɗaya-ɗaya, wanda ya jera uku ya cire ɗan abokin karawarsa. Ba ɗan lido, ba akwati, ba takardar ƙa'ida. Wanda ya ce babu lissafi a dara bai gamu da wanda ya iya zubi ba, don tun a zubin ake cin mutum.

Jamilu09:
Kawu, in na jera huɗu fa, biyu zan cire?

Kawu_Bala:
Ko ɗaya ba za ka cire ba, ɗana. Huɗu ba ci ba ne. Uku ne cif, kuma a miƙe ko a kwance, ban da karkace. Lokacin zubi ma ba a jera ukun.

MamanIlham:
Kawu, da girmanka, dara ma mutum biyu ce. Mun koma inda aka fito.

Kawu_Bala:
Wanda aka ci ya tashi wani ya zauna mana. 'Yan kallo ma ai suna cikin wasa.

Injiniya_MB:
Ina ganin kafin a ci gaba da jefa sunaye ya kamata a gane asalin ciwon. Ces, diraf, darar da Kawu ya ambata, go (wasan ajiye duwatsu baƙi da fari a kan allo), da wasan nan mai ramuka 12 da 'ya'ya 48, duk dangi ɗaya ne: mutum biyu, komai a fili, babu sa'a. A irin wannan, wanda ya fi zurfin lissafi shi ke ci kusan kullum, kuma haka aka gina su. Shi ya sa kwamfuta ta gama da yawancinsu. Kwamfutar Deep Blue ta doke Kasparov, zakaran ces na duniya a lokacin, a 1997. A 2007 Jonathan Schaeffer da abokan aikinsa a Kanada suka tabbatar cewa diraf mai gida 64, in kowa ya buga ba kuskure, canjaras ake tashi. A 2016 manhajar AlphaGo ta ci gwanin go Lee Sedol huɗu da ɗaya. Saboda haka in ka sauya ces da diraf, ba ka sauya komai ba, mutumin nan zai sake cinye ku.

Abin da ke rage wa gwani ƙarfi shi ne ko dai a ɓoye masa wani abu, kamar katin da ke hannun wasu, ko a sa 'yar sa'a kaɗan, ko kuma a yi yawa a teburin har sauran su iya haɗa kai a kansa. Amma tambayar da na fi so mutum ya yi kafin ya zaɓi wasa ita ce: wanda ke baya, me yake yi a rabin awar ƙarshe? In amsar ita ce an fitar da shi, ko yana zaune ya san ba shi da rabo, to wannan wasan ba na zaman mutum biyar ba ne, komai sunan da ya yi. Risk misali, wasan yaƙi a kan taswirar duniya. Yankuna 42, nahiyoyi shida, da daɗi a farko. Amma ana iya share mutum daga taswira da wuri, sauran su ci gaba da fafatawa awa biyu ko fiye yana gefe.

Nura_Doki:
Yallaɓai Injiniya, ban yarda da wannan tunanin ba gaba ɗaya. Wato don mutum ya ƙware sai a nemo wasan da zai karya shi? Ku koyi ces ɗin mana. Ko ya cire sarauniyarsa kafin a fara, ko a ba shi minti uku a agogo ku a ba ku goma sha biyar. A go ma tsari ne sananne, mai rauni ya fara ajiye duwatsu har zuwa tara kafin gwani ya taɓa allo. Wasan da sa'a ke yanke hukunci a cikinsa ni ban ɗauke shi wasan dabara ba.

Injiniya_MB:
Malam Nura, sa'a da dabara ba kishiyoyin juna ba ne. Dubi backgammon: kowa da 'ya'ya 15, 'yan lido biyu ake jefawa, sabon hannu na iya cin gwani a wasa ɗaya. Amma a yi wasa hamsin ka ga wa ke gaba. Iya zama da abin da sa'a ta kawo shi ma ƙwarewa ce. Kuma ko ya cire sarauniyar, mutum uku na nan suna danna waya.

Jamilu09:
Ba wanda ya ambaci Monopoly? Tana ɗaukar shida har fiye, kuma kowa ya san ta.

Ummi_Zee:
Jamilu rufa mana asiri. Wasan da ba ya ƙarewa sai an kifar da allo?

Malam_Tanimu:
Akwai abin da zan ce a kan rashin ƙarewar nan. Yawancin masu buga Monopoly ba da ƙa'idarta suke bugawa ba. A rubuce yake cewa in ka sauka a fili ka ce ba ka saya, banki zai yi gwanjonsa nan take, kowa ya taya. Mutane na tsallake wannan, sai filaye su daɗe ba su shiga hannu ba. Sannan kuɗin tara da ake tarawa a tsakiya, wanda ya sauka a gidan hutu ya kwashe, babu shi a ƙa'ida sam. Wannan ke mayar da kuɗi hannun wanda ya kusa karyewa, wasan ya yi ta jan ƙafa. In an bi doka ya fi sauri.

Duk da haka ba zan ba Abban Hanif shawararta ba. Tushenta wani wasa ne da Lizzie Magie ta yi wa rajista a Amurka a 1904, kuma da gangan ta tsara shi don ya nuna yadda mai filaye ke tatse 'yan haya har su tsiyace. Parker Brothers suka fitar da Monopoly a 1935. Ma'ana, mai shi ya ƙara samu, marar shi ya fita, wannan shi ne ginin wasan. Ya faɗi jarrabawar da Injiniya ya kawo.

Jamilu09:
To Uno fa? In an tara +2 a kan +2 har mutum ya ɗebi takwas, ai akwai dabara 😂

Malam_Tanimu:
Wannan tarin ma ba ya cikin ƙa'idar asali. Kuma mai tambaya ya ce Whot ta ishe su, Uno kuwa 'yar uwarta ce.

MamanIlham:
Tunda na yi ta kushe na wasu, bari in kawo nawa. Ticket to Ride, na Alan Moon, 2004. Mutum biyu zuwa biyar. Taswirar Amurka ce da hanyoyin jirgin ƙasa tsakanin birane, kowa da tarago 45. In yi ya zo kanka abu ɗaya cikin uku za ka yi: ka ɗebi katin launi, ko ka biya kati ka kama hanya, ko ka ƙaro tikiti. Tikitin a ɓoye yake, yana cewa haɗa birni kaza da birni kaza. Ka haɗa ka samu makinsa, ka kasa a cire maka shi. Minti biyar ya isa a koya wa mutum.

Inda daɗin yake: hanya mai gida uku maki 4 ce, mai gida shida kuwa 15. To kana son ka tara kati ka kama doguwa, amma duk zagayen da ka jira wani na iya kama 'yar gajeriyar hanyar da tikitinka ya dogara da ita. Na taɓa ganin mijina ya tara kati cike da hannu, ya kasa riƙewa ma, yana jiran lokaci. 'Yarmu ta sa tarago biyu a wata 'yar hanya da ita kanta take buƙata, ba ta ma san ta tare shi ba. Sai da ya yi zagaye mai nisa, taragonsa suka ƙare kafin ya isa. Shi ne ya fi kowa lissafi a gidan, ita ce ta ci. Kuma babu mai sanin wa ke gaba sai an buɗe tikiti a ƙarshe, don haka ba mai sarewa.

Sadiq_Lissafi:
Hajiya, kin kama ni da maganar mutum shida, ga naki ya tsaya a biyar. Ƙanwar maiɗakinsa fa?

MamanIlham:
Ya ce wani lokaci take zuwa. Ranar da ta zo sai biyu su haɗa hannu ɗaya.

Deeja_K:
In ana son abin da zai ɗauki shida har bakwai kuma lokacin bai ƙaru ba, 7 Wonders ne. Antoine Bauza, 2010. Sirrinsa kowa na bugawa a lokaci guda. Ana raba wa kowa kati bakwai, ka zaɓi ɗaya, ka miƙa sauran ga na gefenka, kai ma ka karɓi na wani. Zamani uku ake yi, kati shida a kowanne, wato yanke shawara 18 ne wasan ya ƙare. Waɗanda suka iya ba sa wuce minti arba'in ko su nawa ne. Yaƙi da sayen kaya da maƙwabtanka biyu kawai kake yi, na dama da na hagu, saboda haka gwanin ba zai iya taka kowa ba. Kuma in ka ga katin da na gefenka ke mutuwar so, kana iya binne shi don kada ya isa gare shi.

Anti_Rabi:
Deeja 'yata, wasan na da kyau amma ba na farawa ba ne. Alamomi sun yi yawa a kan katin. Zaman farko mutum bai san me yake tarawa ba, sai an zo ƙirga maki ya ga wani ya kwashi tuli da korayen katin ilimi, shi ko bai san ana ninka su ba. Wanda ya fito daga lido kai tsaye zai ce an cuce shi.

Wani abu da ba wanda ya taɓo: rubutu. Ku duba ko wasan na buƙatar karatu a kan kati. Dominion misali, wasa ne mai daɗi, kowa na fara da kati 10 iri ɗaya yana gina tarinsa, amma kusan kowane kati da bayaninsa a rubuce. In akwai wanda harshen bai zauna masa ba, ko idonsa ba ya ganin ƙananan haruffa, kullum sai ya nuna wa wani katinsa ya tambaya, asirinsa ya tonu. Carcassonne ba ta da wannan. Fale-fale 72 ne masu zanen hanya da birni da fili, ka ɗauko ɗaya ka ajiye inda zanen ya dace, in ka so ka ɗora ɗan mutuminka a kai. Biyu zuwa biyar. Shawarata a zaman farko a ajiye dokar manoma gefe, ita ce ke rikita sababbi. Azul ma ba rubutu, amma huɗu take tsayawa.

Shamsu_Karta:
Kowa na ta maganar akwati, alhali karta mai 52 ɗin nan da ke kowane gida ta ishe ku. Mutane sun ɗauka wasan karta shi ne a daidaita lamba ko zane a yar. A'a. Akwai wanda ake kira Oh Hell, mutum uku zuwa bakwai. Ana raba kati, a buɗe ɗaya ya zama irin da ke cin sauran. A kowane zagaye kowa na yar da kati ɗaya, mafi ƙarfi ya ci. Kafin a fara kowa ya dubi hannunsa ya faɗi zagaye nawa zai ci. Ba yawan ci ake nema ba, daidai abin da ka faɗa ake nema. Ka ce biyu, ka ci uku, ka faɗi. Sai ka ga mutum na riƙe da babban kati yana neman inda zai yar da shi ba tare da ya ci ba, sauran kuma sun gane, suna tura masa ci dole. Mai mummunan hannu ya ce sifili ya cika alkawarinsa ya samu maki. Yawan katin da ake rabawa na canzawa daga hannu zuwa hannu.

In kuma kuna son na musamman, 6 nimmt! na Wolfgang Kramer, 1994. Kati 104, har mutum goma. Kowa ya kifa katinsa, a buɗe tare, a jera su a layuka huɗu daga ƙarami zuwa babba. Wanda katinsa ya zama na shida a layi ya kwashe biyar ɗin da ke gabansa, su ne makin asara. Ihu ake yi a wasan nan.

Malam_Tanimu:
Shamsu, ka fayyace wa mutane, kada wani ya ji karta ya ɗauka caca ake nufi.

Shamsu_Karta:
Ko sisi ba ya shiga, Malam. Biro da takarda ne, a rubuta maki. Wanda ba ya tsayuwa sai da kuɗi shi ne poker, shi ya sa ban kawo shi ba.

Nura_Doki:
6 nimmt! da mutum shida ai rufe ido ne ka jefa. Ina dabarar?

Shamsu_Karta:
Da mutum goma na yarda hargitsi ne. Da biyar kuwa kana iya ƙirga gibin da ke tsakanin katinka da ƙarshen layi, ka auna mutum nawa za su iya shiga tsakani. Zo mu buga ka gani.

Deeja_K:
Wata hanyar kuma: ku daina karawa da gwanin, ku sa shi a ɓangarenku. Akwai wasannin da duk teburin ke haɗa kai a kan allon. Pandemic, na Matt Leacock, 2008: cututtuka huɗu na bazuwa a birane 48, kowa da aikinsa, ko ku ci tare ko ku faɗi tare.

Injiniya_MB:
Pandemic mutum huɗu take ɗauka. Amma ba wannan ne babban abin ba. A teburin da ke da mutum ɗaya da ya fi kowa lissafi, wasan haɗin kai na komawa wasan mutum ɗaya. Zai ce “ke je ki can, kai ba ta katin nan, kai kuma tsaya inda kake.” Kuma gaskiya yake faɗa, shi ne abin haushin. Sauran sun zama 'yan aike. In dai haɗin kai ake so da irin wannan mutumin, sai wasan da ya ɗaure masa baki. Hanabi: kana riƙe katinka bayansa na kallonka, kowa na ganin naka ban da kai. Ana so a jera launi biyar daga 1 zuwa 5, kuma bayanin da za ka yi wa wani ƙayyadadde ne, ko launi ko lamba, da 'yan alamomi takwas da ke ƙarewa. Ko The Crew na 2019, mai ayyuka 50 da ke ƙara wuya a hankali, inda ba a yarda ka faɗi abin da ke hannunka ba. Duka biyun na ɗaukar biyar.

Ummi_Zee:
Hanabi na sa mutum ya tsani mai mantuwa. A ce maka wannan katin biyar ne, kada ka yar, zagaye biyu ka yar da shi, alhali shi kaɗai ne biyar a launinsa. Kowa ya yi shiru yana kallonka.

Kawu_Bala:
Wasan da ba a cin kowa, wa za a yi wa dariya?

Abban_Hanif:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka. Ina ta karantawa. Maganar Injiniya a kan 'yan aike ta yi daidai da mutumin namu, ko lido muke yi sai ya gaya maka ɗan da za ka matsa. Anti Rabi, batun rubutu ma ya shafe mu, akwai babba a cikinmu da ba ya son ƙananan haruffa. Tambaya ɗaya: jerin nan na shafin BoardGameGeek, inda ake ba wasannin allo maki, in na ɗauki na saman ba shi ke nan ba?

Anti_Rabi:
Kul. Masu ba da maki a can mutane ne da wasa ya zame musu sana'ar dare, sun fi son masu nauyi, na awa biyu zuwa huɗu da littafin ƙa'ida mai kauri. Abin da zai amfane ka a shafin abu biyu ne. Akwai ma'aunin nauyi daga 1 zuwa 5, kai ka tsaya wajen 2. Akwai kuma inda masu bugawa ke faɗin adadin mutanen da wasan ya fi daɗi da su, wanda sau da yawa ya bambanta da abin da aka buga a jikin akwati. Akwatin zai ce biyu zuwa biyar, amma da biyar ɗin jira ne zalla.

Malam_Tanimu:
Ƙari a kan na Anti: lambar yabon Jamus, Spiel des Jahres, tun 1979 ake ba da ita, kuma wasannin iyali take dubawa, ba na ƙwararru ba. Catan ta ci a 1995, Carcassonne 2001, Ticket to Ride 2004, Dominion 2009, Hanabi 2013, Azul 2018. Tun 2011 suka ware wata daban ta masu ɗan nauyi, 7 Wonders ce ta fara cin ta. Da yawa daga cikin waɗanda aka ambata a nan suna ciki, ba haɗuwar banza ba ce.

Deeja_K:
Kuma gani ya kori ji. Da yawansu na shafin intanet na Board Game Arena, ku shiga ta waya ku biyar ku gwada kafin ka ɗauko akwati.

Sadiq_Lissafi:
Ta waya ba a gane Catan. Rabin wasan a bakin mutane yake, da roƙo da zolaya da “wallahi ba ni ke gaba ba, ku dubi wancan.”

Nura_Doki:
Wannan ɗin ne ma ya sa ba na son ta. Mutum ya yi lissafinsa daidai, sai wanda ba shi da rabo ya zaɓi wanda zai ba wa kaya, ya naɗa sarki. A ces ba mai naɗa ka, ba mai sauke ka.

MamanIlham:
Malam Nura, kai ne gwanin da ake magana a kansa ko? 😄

Nura_Doki:
Ba ni ba ne Hajiya, amma ina jin tausayinsa. Mutum goma sun taru suna shirya masa tarko.

Abban_Hanif:
Yanzu dai hankalina na tsakanin Ticket to Ride da na Shamsu mai faɗin adadin ci, tunda karta na nan a hannu za mu fara gwada shi. Shamsu, in mu shida ne kati nawa ake rabawa a hannun farko? Hajiya kuma, na ga akwai ta taswirar Turai, wacce ta fi?

Shamsu_Karta:
Da shida, takwas-takwas ne iyaka: 48 ke nan, saura huɗu, ka buɗe ɗaya daga ciki. Daga nan ku riƙa ragewa da ɗai-ɗai har zuwa kati ɗaya. Wasu na sa dokar cewa mai rabawa, da yake shi ke faɗi a ƙarshe, ba zai faɗi adadin da zai sa jimilla ta yi daidai da yawan zagayen ba, don dole wani ya kasa cika alkawarinsa. Ku yanke wannan tun kafin a raba, kada a zo tsakiya ana musu.

MamanIlham:
Ta Turai ta 2005 ce, ta ƙara tasha da ramin dutse da jirgin ruwa. Tashar na ba ka damar aron hanyar wani in an tare ka, don haka ta fi sauƙin rai ga mutum biyar. Ta Amurka ta fi saurin koyo.

Sadiq_Lissafi:
In an cire tarewar me ya rage? Tashar nan ce ta lalata wasan.

Anti_Rabi:
Uku kawai ake ba kowa, Sadiq, kuma duk wadda ba ka taɓa ba maki 4 ce a ƙarshe. Ba kyauta ake aron ba.

Jamilu09:
Kawu, ni har yanzu ina kan dara. In na jera uku na ci, na matsar da ɗaya na dawo da shi gurbinsa, ci ne kuma?

Kawu_Bala:
Ci ne mana, in abokin karawarka ya yi sakacin barin gurbin a buɗe. Shi ya sa na ce maka tun a zubi ake cin mutum.